Faifan ceto: abin da ya kamata a gwada kafin a ce maka "sai fomatin"

In ka taɓa kai laftof gyara a Samaru ko PZ a Zariya ka ji ogan shago ya ce wa yaronsa "miƙo min Hiren ɗin nan", toh faifan ceto yake nufi. CD ne ko filashi da aka zuba wa wata ƴar ƙaramar manhaja mai iya tada kwamfuta ita kaɗai, ba ruwanta da Windows ɗin da ya lalace a ciki. Kana kunnawa sai ka yi ta danna F9 in HP ce, F12 in Dell ce, ka zaɓi faifan, shi kenan ta tashi ta wata ƙofar, kayanka kuma suna nan a hadis, wato hard disk ɗin da kwamfuta ke ajiye fayiloli, ba abin da ya taɓa su.

Wanda aka fi sani shi ne Hiren's BootCD, tsohon ya tsaya a 15.2 tun 2012, cikinsa akwai ɗan ƙaramin Windows XP da Memtest86+ na gwada ram (ƙwaƙwalwar wucin gadi ta kwamfuta) da kayan duba lafiyar hadis da na cire faswod in an manta. Akwai kuma Ultimate Boot CD da Knoppix.

Ni a kan ƙanwata na san darajarsa, tana ajin ƙarshe saura kwana kaɗan ta miƙa furojet laftof ta ƙi tashi, baƙin allo kawai da rubutu layi ɗaya, shagon farko ko buɗewa ba su yi ba suka ce fomatin, wato a goge komai na cikin hadis a sake zuba Windows, wallahi kuka take a kan mashin har Sabon Gari. Can wani dattijo ya zaro CD duk ya kakkarce, an rubuta sunan faifan da alƙalamin maka, ya goge a gefen rigarsa ya saka. Da fayilolin suka bayyana ya ce "ƴata, wanne ne naki?" ya kwashe mata su tas a filashi, sannan aka shiga maganar gyara.

Shi ya sa raina ke ɓaci in na ga ana gaggawar fomatin, aikin shekara guda ne na mutum fa.

Sai dai tsofaffin faifan nan an yi su ne don BIOS, tsohon tsarin da ke tada kwamfuta, sababbin kwamfutoci kuma sabon tsari ne da su, UEFI, da wani tsaro mai suna Secure Boot da ke hana faifan da bai yarda da shi ba tashi, sai ka shiga saiti ka kunna Legacy, wato yanayin tsohon tsarin, wasu ma an cire musu Legacy ɗin gaba ɗaya, ga ba wurin saka CD. Irin waɗannan sai Hiren's BootCD PE da ya fito a 2018, a ɗora shi a filashi da manhajar Rufus ko Ventoy. In kuma hadis ɗin a kulle yake da BitLocker, makullin da Windows ke saka wa hadis, nemo lambar mabuɗinka tun kafin ka fito daga gida.