Waiwaye: Inda ƙarar aure da gado take zuwa bayan hukuncin alƙali

Matar da alƙali ya hana riƙon ɗanta, ko magajin da yake ganin an tauye masa kaso, kowannensu yana da damar ɗaukaka ƙara. Amma wace kotu ce ke da hurumi? Wannan tambaya ta daɗe tana wahalar da Arewacin Najeriya.

Kafin zuwan Turawa, wanda bai gamsu da hukuncin alƙali ba sai ya kai kukansa majalisar sarki. Da farko Turawa sun bar tsarin, sai a 1933, zamanin Gwamna Cameron, aka buɗe ƙofar kai afil daga kotunan En'e zuwa kotunan Turawa. Malamai ba su ji daɗi ba, domin wanda bai karanta fiƙihun Malikiyya ba ne zai zauna yana warware hukuncin wanda ya karanta. A 1956 aka kafa wa Musulmi kotun ɗaukaka ƙara tasu.

Ba ta daɗe ba. A 1958 gwamnatin Sardauna ta gayyato kwamitin masana shari'a ƙarƙashin Babban Jojin Sudan, Abu Rannat. Daga shawararsu aka kafa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci a 1960, aka kuma taƙaita ta ga al'amuran iyali: aure, saki, riƙon yara, kyauta, wasiyya, waƙafi da gado. Sheikh Abubakar Gumi ya zama Alƙalin Alƙalanta a 1962. Wannan iyaka da aka yi wa kotun ita ce tushen matsalar har yau.

A 1978 wakilai Musulmi suka fice daga zauren majalisar tsara kundin mulki saboda an ƙi kafa irin wannan kotu a matakin tarayya. Sulhun da aka yi shi ne ƙara daga kotun Shari'a ta jiha ta wuce zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Tarayya, wadda dole a samu aƙalla alƙalai uku masana shari'ar Musulunci a cikinta. Tsarin ya yi amfaninsa, gaskiya. A 1985 kotun ta yanke cewa uban da ya bai wa 'yarsa zaɓi tsakanin manema ba shi da sauran ikon tilasta mata wani.

Inda abin yake ciwo shi ne gona da gida. Rabon gado hurumin kotun Shari'a ne, amma da zarar wani ya ce gonar tasa ce, ba ta mamaci ba, magana ta koma ta mallakar ƙasa, afil ɗinta kuma na Babbar Kotun Jiha ne. Gwamnatin Babangida ta yi wa kundin gyara a 1986 da nufin faɗaɗa hurumin, kotunan sama suka ce bai faɗaɗa ba. A 2000 Kotun Ƙoli ta sake jaddada haka, sashe na 277 na kundin 1999 kuwa ya riƙe tsohon jerin al'amuran iyali.

Wanda ke ɗanɗana kuɗarsa ba lauya ba ne. Bazawara ce da marayunta, waɗanda za su shafe shekaru suna sayar da abin hannunsu don kuɗin mota da na lauya, su yi nasara, sannan a rushe hukuncin, ba don an samu kuskure a fiƙihu ba, sai don an shigar da ƙarar inda ba nan ba. A karkara kuwa da wuya a raba maganar gado da ta gona, domin yawanci gonar ita ce gadon.