Waiwaye: Kiɗan Rok An Rol Da Igiyar Wariya A Amurka

Kiɗan da duniya ta sani da sunan rok an rol ya samo tushe ne daga kaɗe-kaɗen baƙaƙen fatar kudancin Amurka, musamman salon waƙar da ake kira bulus (blues) da waƙoƙin coci, waɗanda suka cuɗanya da kiɗan Turawan karkara bayan Yaƙin Duniya na Biyu. A 1951 wani Bature mai gabatar da shiri a rediyon birnin Cleveland, Alan Freed, ya riƙa sanya faya-fayan mawaƙa baƙaƙe, matasa farare suka yi ca a kai, shi kuma ya yayata sunan. Bikin da ya shirya ranar 21 ga Maris 1952 ya cika ya batse, har hukuma ta tsayar da shi tun ba a yi nisa ba.

Bunƙasar kiɗan ta zo daidai da hukuncin Kotun Ƙoli na 1954 da ya haramta wariya a makarantun gwamnati, shekarar da mawaƙi farar fata Elvis Presley ya fitar da faifansa na farko a Memphis. A jihohin kudu a lokacin, akan gitta igiya a zauren rawa domin raba farare da baƙaƙe, amma da kiɗa ya yi zafi sai matasa su tsallake ta. A ganina, wannan tsallakawa ce ta fi tayar da hankalin masu adawa, ko da yake da sunan kare tarbiyya suka fito, kuma lallai akwai iyaye da malaman coci da damuwarsu ta gaskiya ce.

A 1956 Asa Carter, jagoran wata ƙungiyar masu rajin wariya a Alabama, ya nemi a kawar da faya-fayan daga wuraren shaƙatawa, yana zargin cewa makirci ne na lalata 'ya'yan Turawa. A watan Afrilun shekarar aka kai wa mawaƙi baƙar fata Nat King Cole hari yana tsaka da waƙa a birnin Birmingham na Alabama, alhali kuwa ba ma irin wannan kiɗa yake yi ba. A 1957 aka ƙi nuna Elvis daga ƙugu zuwa ƙasa a shirin talabijin na Ed Sullivan saboda irin rawarsa, aka kuma soke shirin talabijin na Freed bayan an ga mawaƙi baƙar fata, Frankie Lymon, yana rawa da farar yarinya.

Daga bisani Majalisar Wakilai ta binciki toshiyar baki da kamfanonin faifai ke bai wa ma'aikatan rediyo. Ɗabi'ar ta daɗe a harkar, amma Freed ne ya fi ɗanɗana kuɗarsa: an kore shi daga aiki a Nuwamban 1959, ya rasu cikin talauci a 1965 yana da shekara 43.