Esperpento: karkataccen madubin mutanen Sifaniya

Mai bibiyar jaridun Sifaniya, ko da don labarin ƙwallo ne kawai, ba zai daɗe ba zai ci karo da kalmar esperpento. Babbar ƙungiya ta sha kashi a hannun ƙarama har 'yan bayanta suna karo da juna, washegari kalmar ce a kanun labarai. Zaman majalisa ya rikiɗe ya koma cacar baki da nuna wa juna yatsa, ita dai za a jefa. A bakin mutanen gari tana nufin mutum ko abu mummuna marar fasali, wanda ganinsa ke sa dariya da kunya lokaci guda, kuma tun ƙarni na 19 ake faɗinta haka. A fagen adabi kuwa ma'anarta ta fi haka nauyi, kuma mutum guda ne ya ɗora mata nauyin.

Sunansa Ramón del Valle-Inclán. An haife shi a yankin Galisiya a 1866, ya rasu a farkon 1936. Mutum ne mai dogon gemu da hannu ɗaya, domin a 1899 gardama ta haɗa shi da wani marubuci a gidan shan gahawa a Madrid, aka kai masa sanda a hannun hagu, ciwon ya ruɓe har aka yanke hannun. Littattafansa na farko cike suke da adon harshe da labarin 'ya'yan sarauta. Abin da ya juya alƙalaminsa shi ne halin da ƙasarsa ta shiga. A 1898 Amurka ta ci Sifaniya da yaƙi, ta raba ta da Kuba da Filifin. A gida, jam'iyyu biyu ke karɓa-karɓa da mulki ta hanyar zaɓen da an gama shirya sakamakonsa tun kafin a kaɗa ƙuri'a. 'Ya'yan talakawa na mutuwa a yaƙin Maroko, ma'aikata na yajin aiki a Basalona ana harbe su. Duk da haka manya ba su fasa dogon jawabi kan ɗaukakar ƙasa da martabar kakanni ba.

A 1920 ya fitar da wasan kwaikwayo mai suna Luces de bohemia kashi-kashi a wata mujalla, a 1924 ya ƙara masa fitowa uku ya zama littafi mai fitowa 15. Labarin dare ɗaya ne, daren ƙarshe na wani makahon mawaƙi matalauci, Max Estrella, yana yawo a titunan Madrid tare da ɗan jagoransa Don Latino, mutumin da ke kiran kansa aboki alhali yana cutarsa. Max ya jinginar da alkyabbarsa don ya biya kuɗin tikitin caca. 'Yan sanda sun kama shi sun jefa shi a kurkuku tare da wani ma'aikaci ɗan Basalona da ya riga ya san ba zai ga alƙali ba, za a harbe shi ne a ce ya yi yunƙurin gudu. Da aka saki Max ya je ofishin minista, tsohon abokinsa, don ya kai kuka, ya fito da kuɗi a hannu yana jin kunyar kansa.

Da asuba ta gabato, yana zaune a ƙofar gidansa sanyi na kaɗa shi, sai ya bayyana wa Don Latino abin da ake nufi da esperpento. Akwai wani lungu kusa da tsakiyar Madrid da ake ce wa lungun Gato, inda aka kafa madubai masu lanƙwasa, masu wucewa na tsayawa su ga yadda surarsu ta murguɗe. Duk wanda ya taɓa leƙa fuskarsa a cikin cokali ya san irin abin. Max ya ce a ɗauko gwarazan dauri na manyan wasannin alhini a tsayar da su gaban waɗannan madubai, abin da ya fito shi ne esperpento. Ya ce Sifaniya kanta murguɗaɗɗiyar surar wayewar Turai ce, saboda haka baƙin cikin rayuwarta ba zai nunu ba sai ta hanyar fasahar da ke murguɗa abu bisa tsari.

Wannan "bisa tsari" shi ne ƙashin bayan maganar. Madubi mai lanƙwasa ba ya ƙirƙiro komai, abin da aka tsayar gabansa shi yake nunawa, kuma yana karkatar da shi ne bisa lissafi guda da ba ya sauyawa. To haka marubucin yake yi. Titunan da ke cikin wasan na gaske ne, ana ambatar 'yan siyasar lokacin da sunayensu, shi kansa Max an gina shi ne a kan wani marubuci, Alejandro Sawa, da ya mutu makaho cikin talauci a Madrid a 1909. Abin da aka sauya shi ne girman mutane. A wata hira da aka yi da shi a 1928, Valle-Inclán ya ce hanyoyi uku ne marubuci ke kallon mutanen labarinsa: a durƙushe, ya ɗauke su sun fi shi, a tsaye, ya ɗauke su 'yan'uwansa, ko daga sama, ya gan su ƙanana kamar 'yan tsanan da ake ja da zare. Ta ukun ya zaɓa, ya kuma ce ba shi ya fara ba, akwai magabatansa 'yan Sifaniya, Quevedo a rubutu da Goya a zane.

Shi ya sa mutanen wasanninsa suke fitowa da siffar karnuka da ɓeraye da tsummokara, kuma kalaman manyan malamai ke cakuɗe da na 'yan tasha a baki ɗaya. Hatta mutuwa ba a bar mata kwarjininta ba. Max ya cika a bakin ƙofa, Don Latino ya zare masa walat da sunan kada ɓarayi su ɗauka. A wurin makoki, tsinin ƙusa ya ɓullo daga akwatin gawa yana taɓa gefen goshin mamacin, wani mai ji da kansa ya dage cewa Max bai mutu ba doguwar suma ce, direban keken gawa kuma yana sauri, ya ce a kunna ashana a ɗan yatsansa a gani. Tikitin ya ci, Don Latino yana ɓarin kuɗi a mashaya, jarida na ba da labarin mace da 'yarta da hayaƙin gawayi ya kashe a ɗaki, ga dukkan alamu matar Max da 'yarsa.

Wasu na zargin wannan salo da rashin tausayi, suna cewa wanda ke kallon mutane daga sama ya daina jin zafinsu. Ban yarda da su ba, kuma hujjata tana cikin fitowa ta 11. Wata uwa ce a titi rungume da gawar ɗanta da harsashin 'yan sanda ya samu, tana kururuwa. Kewaye da ita mai mashaya yana cewa irin wannan tsautsayi ba makawa idan ana son dawo da doka da oda, mai karɓar jingina yana kukan gilashin shagonsa da aka fasa, wani ɗan fansho yana kare ikon hukuma. Ana cikin haka aka ji ƙarar bindiga daga nesa, wani ya ce fursuna ne ya so gudu. Madubin ya murguɗe kowa a wurin, ya bar uwar yadda take, kamar yadda ya bar ma'aikacin nan na kurkuku. Marubucin ya san sarai wanda ya cancanci a yi wa dariya da wanda bai cancanta ba.

Ana yawan haɗa esperpento da suriyalizim, amma asalinsu daban. Suriyalizim daga Faransa ya taso, yana bin mafarki da abin da ke ɓoye a zuciya, kamar a gajeren fim ɗin da Luis Buñuel da Salvador Dalí suka yi a Faris a 1929. Esperpento idonsa biyu, jarida da ofishin 'yan sanda ne kayan aikinsa. Daga baya hanyoyin biyu sun haɗu a wasu finafinan Buñuel, irin su Viridiana na 1961, wanda ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Kan (Cannes) a Faransa amma aka haramta nuna shi a Sifaniya har 1977.

Magajin salon na haƙiƙa a silima shi ne daraktan fim Luis García Berlanga tare da marubucinsa Rafael Azcona. A fim ɗinsu El verdugo na 1963, wani ma'aikacin kamfanin jana'iza ya auri 'yar hauni, ya karɓi aikin surukinsa don kada gidan gwamnati ya kuɓuce musu, yana fatan ba za a taɓa kiransa aiki ba. Ranar da aka kira shi, sai ga masu gadi sun riƙe shi suna ja a tsakar gidan yari, ƙafafunsa sun ƙi ɗaukarsa, wanda za a kashe kuwa yana gaba. A shekarar nan gwamnatin Janar Franco, ɗan kama-karyar Sifaniya na lokacin, tana kan zartar da hukuncin kisa a kan 'yan adawa, don haka mai kallo ya san abin da yake yi wa dariya.

Salon ya ƙetare teku ma. Valle-Inclán ya je Meziko sau biyu, a 1926 ya fitar da Tirano Banderas, labarin wani ɗan kama-karya a ƙirƙirarriyar ƙasa, wanda ya share fage ga jerin littattafan Latin Amurka a kan azzaluman shugabanni, daga na Miguel Ángel Asturias a 1946 zuwa na Gabriel García Márquez a 1975.

Masu mulki sun gane abin da madubin ke nunawa tun da wuri. A 1927 gwamnatin sojan Primo de Rivera ta sa aka kwashe wani wasansa da ya taɓa janar-janar daga kasuwa. Luces de bohemia kuwa bai hau dandamali ba a rayuwar marubucinsa. Sai a 1963 aka yi shi a Faris cikin Faransanci, a Sifaniya kuma babban kamfanin wasa bai taɓa shi ba sai 1970, shekara 50 bayan fitowarsa. Yau yana cikin littattafan da ɗaliban sakandare ke karantawa don jarrabawar shiga jami'a.