Masu son zama daraktan fim mai cin gashin kansa, ga amsoshinku

Tambayoyin nan kullum su ne, mai aikowa kawai ke canzawa. Don Allah a karanta kafin a sake turo min su.

Dole sai na yi makarantar fim?

A'a. In da hali je ka. In babu, shiga aikin wani, ka riƙe fitila, ka buɗe ido.

Wace kyamara zan saya?

Kada ka saya. Yi haya, ko ka ɗauka da wayarka. Sean Baker, wani darakta ɗan Amurka, ya ɗauki fim sukutum da iPhone 5s, aka nuna shi a bikin fina-finai na Sundance a 2015. Kuɗinka ka zuba su a kan sauti. Mai kallo yakan yi haƙuri da hoto mai dishi-dishi, amma in bai ji maganar 'yan wasa ba, tashi zai yi.

Ina da labari a kaina, wa zan sayar wa?

Babu mai sayen abin da ke cikin kai! Zauna ka rubuta. Shafi ɗaya yakan ba da kusan minti ɗaya, don haka dogon fim shafi 90 ne zuwa 120. Kuma ka daina yaɗa labarinka da baki, sannan ka dawo kana kukan an sace maka. Doka rubutu take karewa, ba ta kare tunani.

Furodusa yana son rubutuna, ni kuma ina so in ba da umarni da kaina. In sa hannu?

To, wannan ita ce tambaya, kuma amsarta ta danganta da abin da ke cikin takardar. Da farko duba: sayarwa ce ko jingina? In sayarwa ce, haƙƙin mallaka ya koma hannunsa, yana iya kawo wani darakta, ya sa wani ya sake rubutun, ba ka da ta cewa. In jingina ce, zai ba ka ɗan kuɗi ya riƙe labarin na wani lokaci, galibi wata 12 zuwa 18, yana neman jari. Bai samu ba, abinka ya dawo gare ka. Ga sabon shiga ni na fi son wannan, ko da yake ba kowane furodusa zai yarda ba, kuma wanda bashi ya yi wa katutu ba zan ga laifinsa ba in ya sayar.

Maganar ba da umarni kuwa, in ba a rubuce take ba, babu ita. "Ai mun yi magana" ba yarjejeniya ba ce. A rubuta cewa kai ne darakta, a rubuta wa ke da kalmar ƙarshe wajen editin, wato tace fim ɗin. Da wuya a bar wa sabon darakta wannan iko, amma nemi a ba ka damar haɗa naka zubin tukuna. Alƙawarin kaso daga riba kuma, tambayi riba bayan an cire me, domin ana iya cire kashe-kashe har ya zama saura babu. Dokoki sun bambanta daga ƙasa zuwa ƙasa, saboda haka lauya ya karanta kafin biro ya taɓa takarda. Wanda ya ce lallai yau za ka sa hannu, yi hattara da shi.

Na haura 35, na makara?

Kwantar da hankalinka, ɗan'uwa. Ousmane Sembène, shahararren daraktan fim na Senegal, ya yi dako a tashar jiragen ruwan Marseille, ya rubuta littattafai, sai da ya doshi shekara 40 ya tafi Mosko koyon fim.

In ɗora fim ɗina a YouTube?

Dakata. Manyan bukukuwan fina-finai irin su Cannes na Faransa suna son dogon fim da ba a riga an sake shi ba. Karanta ƙa'idar kowane biki tukuna.

Yaushe kuɗi za su fara shigowa?

Ba da wuri ba. Kada ka bar aikin da ke ciyar da kai. Yi editin, ɗauki bidiyon talla, ka riƙa rubutu da dare har gajeren fim ɗinka na farko ya kammala.