Ba kowane bairas ne ke sa mutum ciwo ba

Jama'a da an ce bairas sai hankali ya tashi, korona ko ƙanjamau ko lassa kawai ake tunawa, alhali akwai wasu bairas ɗin da ba ruwansu da jikin ɗan Adam kwata-kwata, bakteriya kaɗai suke kamawa. Sunansu bakteriyofej, ko fej a taƙaice. Shi wannan ɗan mitsitsin abu manne wa jikin bakteriya yake, ya tura ƙwayar halittarsa ciki, ya hayayyafa har cikinta ya fashe, 'ya'yan su fito su nemi wata. Kuma kowane iri da bakteriyar da yake ci, shi ya sa idan za a yi magani da su don kashe bakteriyar da ke sa ciwo sai an gwada a lab kafin a ba mara lafiya.

Abin ma ba sabo ba ne fa. Wani masanin kimiyya, Félix d'Hérelle, ya bayyana su a Faris tun 1917, kuma akwai cibiyar Eliava a Tibilisi ta ƙasar Jojiya da ke aiki da su tun 1923, zuwan fenisilin ne ya sa Turawan yamma suka yi watsi da su.

Yanzu da ƙwayoyin bakteriyar da ake ɗauka a asibiti irin su Acinetobacter baumannii suka daina jin antibayotik (wallahi yadda muke shan kafso barkatai daga kemis yana damuna sosai) an waiwayo fej ɗin. A 2016 a San Diego ta Amurka wani farfesa, Tom Patterson, wannan ƙwayar ta kai shi har doguwar suma, magunguna duk sun gaza, aka sa masa fej ta jijiya ya farfaɗo.