Wai me muke nufi in mun ce "Photoshop ne"?

Tun lokacin kamfen ɗin zaɓen 2024 kalmar nan ta cika mana kunne a Kumasi. Ka zauna wajen shan ataya a Aboabo, wani ya nuna hoton taron jam'iyyarsu maƙil da jama'a, ɗan wancan ɓangaren ko kallon kirki bai yi ba zai ce ai Photoshop ne. A rediyo ma haka nake ji, har daga bakin masu gabatar da shiri. Wallahi abin na damuna, don kalmar ta koma nufin duk hoton da bai yi wa mutum daɗi ba.

Photoshop dai sunan manhaja ne, ta kamfanin Adobe, a 1990 ta fito. Kuma mafi yawan hotunan jarida sai an ɗan taɓa su, a ƙara haske, a yanke gefe, wannan ba laifi ba ne, masu wanke hoto na da ma suna yi. Laifin shi ne ka saka abin da babu shi a wurin, ko ka cire abin da ke nan.

Ka duba abin da ya faru a Agustan 2006, lokacin yaƙin Isra'ila da Hizbullah. Wani mai ɗaukar hoto, Adnan Hajj, ya ɗauko wa kamfanin dillancin labarai na Reuters hoton Beirut, babban birnin Lubnan, bayan harin jiragen sama, hayaƙi na tashi. Harin an kai shi, hayaƙin ma akwai shi, amma sai ya kwafi hayaƙin ya ƙara yawansa ya ƙara masa baƙi, masu bibiya a intanet suka lura curin hayaƙi ɗaya ne ke ta maimaituwa, Reuters ta raba gari da shi ta kuma janye hotunansa 920 daga rumbunta. Wasu na cewa ai ba ƙarya ya ƙaga ba, armashi kawai ya ƙara. Ni ban yarda ba ko kaɗan. Mutanen da gidajensu suka rushe su ya fi cuta, don daga nan masu musu suka samu bakin cewa sauran hotunan Lubnan ma shiri ne.

Mu nan kuma yaudarar da ta fi yawo ko Photoshop ba ta buƙata. Hoton gobarar kasuwa na shekarun baya, ko ma na wata ƙasa, ba a taɓa komai a jikinsa ba, a tura shi WhatsApp a ce yanzun nan ne a kasuwar Kejetia, mai shago ya baro gida a guje cikin dare.