Waya bakwai a ƙirji: waiwaye kan abin da ke biyo bayan tsaga ƙashin ƙirji

Ɗan ƙanwar mahaifiyata ya dawo Tahoua da tabo tun daga ƙasan maƙogwaro har bakin ciki, miƙe sambal kamar an ja da zare. Shekararsa 24, an canza masa ɗaya daga cikin ƙofofin zuciya a ƙasar waje. Ya sauka Yamai, ya kwana biyu a wurina, ya hau bas ya ci kilomita fiye da 500 ta Doso da Dogon Dutsi da Ƙonni. Kwana huɗu da isarsa, masu barka na ta shigowa, ya yi atishawa, sai ya ji wani abu ya ce ƙas a tsakiyar ƙirjinsa. Da ya juya a kan katifa ya sake ji.

“Inna, ƙashin nan fa motsi yake yi.”

“Iska ce ta shiga, ɗan nan. Bari a ɗora ruwa a gasa maka wurin.”

Allah ya sa yayarsa ta kira ni kafin ruwan ya tafasa.

Ƙarar da yaron ya ji, likitocin zuciya sun fi shekara sittin suna fama da ita. Ita kuwa tsagar ta girmi tiyatar buɗe zuciya da kanta, kuma a Alƙahira aka fara ta. A 1897 wani likita Bature ɗan Ingila, Herbert Milton, da ke aiki a asibitin Ƙasarul Aini, ya gwada raba ƙashin ƙirji gida biyu daga sama har ƙasa, a kan gawa da kan akuya, kafin ya yi wa wani mai tarin fuka da cutar ta ci masa bayan ƙashin. Ya rubuta abin da ya gani, aka karanta, aka ajiye. A lokacin babu mai iya tsayar da zuciya ya gyara ta ya tashe ta, saboda haka ƙofar da ya buɗe ba ta da mai shiga.

Sai da John Gibbon ya yi nasarar aiki da injin da ke riƙe aikin zuciya da huhu a Filadelfiya a 1953, sannan aka waiwayi dabarar Milton. A 1957 Ormand Julian da abokan aikinsa a Amurka suka nuna cewa ta tsakiyar ƙirji ta fi: ana isa da sauri, ana ganin zuciya ta kowane ɓangare, ba a yanka naman haƙarƙari, kuma zafin bayan aiki bai kai na buɗewa ta gefe ba. Tun daga nan ta zama babbar hanya. A sa zarto a raba ƙashi, a buɗa shi da ƙarfe, in an gama a ɗaure da wayar ƙarfen da ba ya tsatsa, galibi shida zuwa takwas, a bar ta a ciki har ƙarshen rayuwa.

Ko maɗorin ƙauye ya san sharaɗin ɗori: kada ƙashi ya motsa. Ƙafa ana ɗaure ta da kara, hannu a rataye shi a wuya. Ƙirji fa? Mutum na numfashi wajen sau 20,000 a rana, kowane numfashi na jan haƙarƙari, haƙarƙari na jan ƙashin da aka raba. Tari ɗaya mai ƙarfi na iya sa waya ta yanki ƙashi mai taushi, kamar yadda zare ke yanka sabulu. Da ɓangarorin biyu sun fara gugar juna, ƙwayoyin cuta sun samu hanya, mafi yawa irin waɗanda ke zaune a fatar mutum da cikin hancinsa, ƴan gidan sitafilokok. Wani lokaci kuma cutar ce ke riga shiga, ta ruɓar da ƙashi, waya ta saki. Bayan ƙashin nan kuwa babu wani shamakin kirki: zuciya ce, da manyan jijiyoyin jini, da duk abin da aka ɗinka a ciki.

A shekarun farko, in mugunya ta kai can, maganin shi ne a sake buɗe ƙirjin, a kankare, a cusa bandeji, a bar shi a buɗe ana wankewa kullum har nama ya ciko. Watanni ake yi. Wasu injin numfashi ne ke riƙe su, domin ƙirjin da aka saki ba ya iya jan iska yadda ya kamata. Wasu kaifin ƙashin ne ke yaga musu zuciya. A wasu asibitocin wancan zamani kusan rabin waɗanda abin ya samu ba su tashi ba.

A 1963 Shumacker da Mandelbaum suka kawo wata hanya: a wanke, a mayar da ƙashi a rufe, a bar tiyo yana ɗiga ruwan magani a ciki, wani yana fitarwa. An samu sauƙi, amma ba ga wanda ƙashinsa ya riga ya mutu ba. Tsakanin 1976 da 1980 ne abubuwa suka sauya da gaske, kuma a ganina wannan ne zangon da ya fi cancantar a tsaya a kansa, domin a nan ne likitoci suka gane cewa ramin da babu jini a cikinsa ba ya warkewa komai yawan maganin da aka zuba. A 1976 aka fara jawo mayafin kitsen nan da ke lulluɓe da hanji, wanda duk mai fiɗar ragon layya ya sani, a haura da shi a cike ramin ƙirji, saboda yana da jijiyoyin jini birjik. A 1977 Francis Robicsek ya fito da saƙar waya a gefen ƙashi, sama da ƙasa tsakanin haƙarƙari kamar saƙar zana, yadda wayar da ke ɗaure tsakiya za ta ja ƴar'uwarta waya maimakon ta ci ƙashi. A 1980 Jurkiewicz da mutanensa a Atlanta suka nuna amfanin ɗago tsokar ƙirji a juya ta cikin ramin bayan an cire mataccen ƙashi. Mace-mace suka ragu ƙwarai.

Daga 1997 aka shigo da soso: a cusa shi a rauni, a manne da leda, a haɗa da ɗan inji mai zuƙa dare da rana. Yana janye ruwa, yana riƙe ɓangarorin ƙashi, yana kiran sabon nama, kafin a zo a rufe.

A gefe guda kuma ci gaban da kansa ya haifi tasa matsalar. Bayan René Favaloro ya yaɗa aikin yi wa toshasshiyar jijiyar zuciya kewaye da wata jijiya da aka ɗauko daga jikin mutum, daga 1967, binciken da aka buga a 1986 ya tabbatar cewa jijiyar da ke bin bayan ƙashin ƙirji ta fi ta ƙafa daɗewa. To ita ce kuma ke ciyar da ƙashin. A ɗauki ɗaya, jininsa ya ragu. A ɗauki biyu a jikin mai ciwon suga, haɗari ya ƙaru. Wani asibiti a Potlan ta Amurka ya nuna a 1999 cewa ɗiga insulin ta jijiya don riƙe suga bayan aiki na rage ruɓewar ƙashi sosai. Yau ana lissafin cewa mutum 1 zuwa 3 cikin 100 ne cutar ke kai wa can ciki. Kaɗan ne, amma har yanzu tana kisa. Masu suga, masu ƙiba, masu shan taba, masu tsohon tari da waɗanda aka sake buɗewa saboda zubar jini su ne a sahun gaba.

Akwai ƙananan da ba sa kisa amma suna hana sakat. Ciwon ƙirji da ke wuce shekara. Ɗan yatsan ƙarshe da na kusa da shi su mutu na ɗan lokaci, saboda ƙarfen buɗa ƙirji ya ja jijiyoyin kafaɗa. Kan waya ya riƙa tokarar fatar ramammen mutum har sai an cire. Ga tabo mai tasowa ya yi tudu yana ƙaiƙayi, wanda ya fi kama baƙar fata, kuma tsakiyar ƙirji na cikin wuraren da ya fi so. Wanda ba a raina shi ne ruwan da ke taruwa a jakar zuciya makonni bayan aiki, musamman ga mai shan maganin tsinka jini irin su Sintrom: numfashi ya yi wuya, jiki ya mutu, a ɗauka gajiya ce.

Duk dabarun nan da na jero, an ƙirƙire su ne da tunanin cewa marar lafiya na kusa da wanda ya tsaga shi. Mu namu ba haka yake ba. An yi tiyatar buɗe zuciya a Inugu tun 1974, ƙungiyar Mécénat Chirurgie Cardiaque na kai yara Faransa tun 1996, cibiyar Salam ta buɗe a Khartum a 2007 tana yi kyauta, masu hali da waɗanda gwamnati ta ɗauki nauyinsu na tafiya Tunusiya, Maroko, Turkiyya ko Indiya. Yawancin namu matasa ne da ciwon maƙogwaron ƙuruciya ya lalata wa ƙofofin zuciya, ƙashinsu da ƙwari, wannan sa'a ce. Amma ruɓewar ƙashi ta fi bayyana a cikin watan farko, daidai lokacin da mutum ke jirgi, ko bas, ko tsakar gida cikin ƴan barka, kowa na son ya rungume shi.

Takardar sallama kan ce kada a ɗauki abin da ya wuce kilo 5 har mako shida zuwa takwas, ƙashi kuma yakan kai wata uku kafin ya kama sosai. Wanda ya rubuta ta yana tunanin jakar kasuwa da tuƙin mota. Bai san bidon ruwa mai lita 25 ba, bai san jan guga ba, bai san taɓarya ba, bai san bayan kabu-kabu a kan hanyar da ruwa ya cinye ba. Bai san tashi daga tabarma ba, inda mutum ke dafa ƙasa da hannu ɗaya ya tura dukan nauyinsa ta ƙirji. Ga sujada, wadda mutanenmu ke jin nauyin bari, alhali addini ya yarda marar lafiya ya yi salla a zaune. Likitocin motsa jiki na yanzu sun ɗan sassauta tsohuwar dokar, sun fi karkata ga cewa a yi amfani da hannu biyu tare, gwiwar hannu manne da jiki, a rungume matashi in tari ya zo. Amma babu wanda ya sassauta kan alamomin nan: ƙara ko motsi a ƙashi, ruwa ko mugunya daga ɗinki, ja da kumburi, zazzaɓi, ciwon da ke ƙaruwa maimakon raguwa. Zazzaɓin ne ya fi ba ni tsoro, domin a nan duk zafin jiki maleriya ne sai an tabbatar da akasin haka. A sha maganinta kwana uku, mugunya na can tana aikinta. Gashi da ruwan zafi, ƙaho ko sakiyar wanzami a kan wannan ɗinki kuwa, buɗe wa cuta ƙofa ne.

Washegari aka dawo da yaron Yamai, a kujerar baya, rungume da matashi. Lokotoro ya ɗora yatsu biyu a kan tabon ya ce ya yi tari, ya ji abin da yake nema. Aka yi radiyo, wato hoton ƙirji, da sikana, aka auna jini. Wayar ƙasa ce ta ci ƙashi, sauran na riƙe, babu mugunya, babu ruwa a jakar zuciya. Aka ɗaura masa ɗamarar ƙirji, aka ce ya zauna a gari ana dubawa kowane mako, kada ya sake hawa bas sai an sallame shi. Sai a ranar muka gano cewa takardar da ta bayyana irin aikin da aka yi masa tana ƙasan akwati a Tahoua, naɗe cikin leda tare da fasfo.

Inna ta biyo bayansa da kwana biyu, da takardar da ƙullin kilishi. Da yamma ta ɗauki hoton ƙirjin ta ɗaga shi saitin taga, ta daɗe tana kallo, tana bin ƙulle-ƙullen da yatsa.

“Bakwai,” ta ce. “Duk wannan a cikinka yake?”

“Yana ciki, Inna.”

Ta mayar da hoton cikin ambulan, ta janye butar da ya miƙa hannu zai ɗauka.